Tafkin da Illa Ya Zana

Ku matso ku gyara zama, mai tari ya yi tarinsa yanzu, don in na ɗauko labarin Illa ba na son katsewa.

A Matameye aka yi shi, shekarun da Nasaran Faransa suka fara zama daram a Damagaram. Illa dogo ne siriri, tafin hannunsa laushi kamar na jariri, don tun da aka haife shi ba wanda ya taɓa kama shi da laifin riƙe fartanya. Baki kuwa Allah ya ba shi. Aiki ɗaya ya taɓa yi a duniya, shi ma na kwana goma sha ɗaya. Lokacin da Nasara suka zo auna iyaka tsakaninsu da Ingilishi, an ɗauke shi ya riƙa jan bakin sarƙar awo. Rana ta goma sha ɗaya ya ɗaure wani jaki da sarƙar don ya ɗan runtsa, jakin ya fizge ya shiga daji da ita, aka sallami Illa da bulala. Kunya ta hana shi dawowa gida, ya zarce Dungu wurin kawunsa, can kurkunu ya kwantar da shi wata huɗu.

Da ya dawo sai labari ya zama wani. Wai ya wuce Tafkin Chadi da tafiyar wata biyu, ya shiga wani gari da ake kira Birnin Shuni, mai ganuwa bakwai duk shuɗɗa. Wai a can masu zana taswira ƙungiya gare su, jimina suke hawa, sarki ma ba ya zama sai sun zauna. Wai sun ɗaure masa ido, suka juya shi sau arba'in, ya shinshina iska ya nuna gabas, nan take suka karɓe shi cikinsu. Kullum a bakin kasuwa ganuwar nan ƙara tsawo take.

Matarsa Baiwa ba ta da haƙurin wannan. Takan ce, "Malam, a Birnin Shunin ne aka naɗe maka kurkunun a kara?"

Sai ya ɗaga ƙafa ya nuna tabon. "Ke Baiwa, wannan tambarin ƙungiya ne. Ba a yi wa kowa shi."

"Kawunka ma yana da biyu."

"To shi ya riga ni shiga."

Ana nan sai aka fara fasa hanya daga Damagaram zuwa kudu. Sojoji masu jar dara suna bi gida gida suna ɗibar maza aikin tilas. Wanda ya je ya dawo sai ka ga hannu ya farfashe, baya ya tanƙware, wani ma ɗauko shi ake yi. Mai gari ya aiko wa Illa cewa zagaye mai zuwa da shi za a tafi. Ranar nan Illa bai yi labarin jimina ba. Ya zauna a zaure yana duban tafin hannunsa, tsoro na gaske ya kama shi.

Kwana biyu bayan haka wani Kumandan, hafsan Nasara, ya sauka a garin da tafintansa Isufu. Aka tara jama'a, Isufu ya ce Kumandan yana neman wanda ya san ƙasar nan, ya zana masa ƙauyuka da rijiyoyi. Kowa ya sunkuyar da kai. Sai ga Illa yana ture mutane.

"Ranka ya daɗe, ka faɗo hannun gwani. Ni ne wakilin ƙungiyar masu taswira a duk yammacin duniya."

Isufu ya dube shi sama da ƙasa. "Ba kai ne na jakin nan ba?"

"Wani ne mai kama da ni. Faɗa masa abin da na ce."

Kumandan ya yi magana, Isufu ya fassara. Kwana ashirin aka ba shi. In taswira ta yi, shi da 'yan ƙungiyarsa ba ruwansu da aikin hanya. In ba ta yi ba, dagi da kwando har damina ta faɗi. Illa ya buga ƙirji ya ce kwana ashirin ma ai raini ne.

Kafin la'asar rabin mazan Matameye sun gano cewa tun suna yara suke sha'awar taswira. Zauren Illa ya cika maƙil. Ya zauna bisa turmi yana tantancewa, yana ɗaure wa mutane ido yana juya su har su faɗi. A ƙarshe ya zaɓi uku. Munkaila marini, don yana da shuni, ya zama Madakin Tawada. Idrisa wanzami, don ya iya cewa "haka ne" a kan kari, ya zama Galadiman Awo. Na uku Agali ne, wani Buzu mai jakai, wanda ya san kowace rijiya da kowane dutse daga nan har Daura. Shi aka ba shi muƙamin Mai Riƙon Jaki, aka kuma gargaɗe shi kada ya sa baki cikin maganar ilmi. Illa kuwa ya naɗa kansa Sarkin Taswira.

Takarda babu, sai Illa ya ɗauke ƙirgin da Baiwa ke shimfiɗa wa baƙi. Ya ce wuyan fatar shi ne gabas, wutsiya yamma. Sarƙa babu, sai ya ce jaki zai auna, duk taki ɗari a jefa gyaɗa ɗaya cikin gora. Gorar aka ba Idrisa.

Suka kama hanyar Kurni da hantsi. Jaki ya yi tafiya mai kyau har ya hango wata jaka a gonar mutane, ya zagaye ta sau shida da Illa a bayansa yana ihu, Munkaila kuwa yana ƙirga taki tsakaninsa da Allah. Da suka isa aka juye gora, gyaɗa tara. Da suka dawo aka juye, gyaɗa uku.

Munkaila ya ce, "Sarki, zuwa tara, dawowa uku?"

Idrisa ya kau da kai yana goge baki.

Illa ya ce, "Kai, jahilci cuta ne. Ƙasa ai tsukewa take da yamma. Yaro ma ya san wannan a Birnin Shuni."

Idrisa ya ce, "Haka ne."

Agali ya ce, "Gyaɗar ma da yamma take tsukewa?"

"Kai riƙe jakinka."

Suka koma gida Illa ya tarar Baiwa ta juya ƙirgin don ta share ɗaki, bai lura ba, ya zana Kurni a wajen wutsiya. Da Agali ya nuna masa, ya ce mutanen Kurni ai sun daɗe suna son komawa can.

Duk wannan wasa ne. Babbar matsala a ƙauyuka ta fito. Sun isa wani ƙauye kusa da Icirnawa, Illa ya shimfiɗa fata a gindin tsamiya, ya tsoma alƙalami, ya ɗiga ɗigo ya ce ga garinku nan. Mai garin, wani dattijo da ake kira Lawwali, ya tsuguna ya daɗe yana duban ɗigon.

"Sarkin Taswira, wa zai ga wannan?"

"Kumandan da kansa. Daga nan Damagaram, daga nan Faransa. Sunanku zai tsallaka teku."

"To in Nasara ya ga ɗigon nan, sojansa zai iya zuwa inda ɗigon yake?"

"Ido rufe!"

Lawwali ya tashi ya shiga gari. Jim kaɗan sai ga fura mai nono, ga zabi biyu soyayyu, ga ƙwaryar zuma. Aka bari sai da Illa ya ci ya yi gyatsa, sannan dattijon ya matso.

"Mu ƙananan mutane ne, ranka ya daɗe. Ina mu ina shiga fata ɗaya da manyan garuruwa? Mazanmu goma sha biyu ne, in aka ɗebe su gero zai bushe a tsaye. Babban malami irinka da ya iya sa gari, ai ya iya cire shi."

Wannan "ranka ya daɗe" ita ta kashe Illa. Ba a taɓa ce masa ita ba. Ya jiƙa tsumma, ya goge ɗigon, ya ce, "Na ɗauke ku daga duniya. Ku je ku huta." Mata suka rangaɗa guɗa.

Labari ya riga su gaba. Duk ƙauyen da suka nufa sai su tarar an shimfiɗa tabarma an yanka kaza. Illa ya ɗiga ɗigo, a roƙe shi, ya ja aji, a ƙara zuma, ya goge. Wata tsohuwa ita ba ta ma roƙe shi ba, taɓarya ta ɗauko ta ce in ya zana rijiyarsu za ta zana masa wata a ka. Ita ma ya goge mata, ya ce albarkacin tsufa. Har kawunsa na Dungu ya aiko cewa in ya ga unguwarsu a fatar nan zai zo kasuwa ya ba da labarin wata huɗu. Illa ya yi kumatu, Idrisa ya daina taɓa gyaɗa don ya samu abin da ya fi ta.

Rana ta goma sha takwas Baiwa ta leƙa ƙirgin. Ba komai a kai sai Matameye, ita ma mai gari ya roƙa an ƙanƙanta ta, da wata kuka, da sawun akuya.

"Malam, wannan ce taswirar?"

"Ba a gama ba."

"Jibi ne fa. Wallahi gara ka je ka faɗi gaskiya, ka ɗauki kwandonka kamar kowa. Zan riƙa kai maka fura."

Ta faɗa ne da tausayi, don duk surutunta ba ta son ganin an wulaƙanta shi. Amma da jin kalmar kwando sai Illa ya zabura. Ya tara ƙungiya a zaure. Suna cikin shawara Munkaila ya juya, gwiwar hannunsa ta ture kaskon shuni, ya malale a tsakiyar fatar, shuɗi shar, faɗin faifai. Munkaila ya dafe kai yana salati. Illa kuwa ya tsura wa tabon ido, sai fuskarsa ta washe.

"Madaki, ka san abin da ka yi? Tafki ka yi!"

Ya zauna ya zana ganuwa bakwai a bakin tabon, da ƙofofi, da kasuwa, da rijiyoyi tara. Ya zuba agwagi cikin ruwan, har da 'ya'yansu a jere. Ya rubuta Birnin Shuni da ajami manya manya. Don kada abin ya yi nisa a zarge shi da ƙarya, ya ajiye birnin kudu da gari, tafiyar rabin yini.

Agali ya ce, "Wurin nan na san shi. Sabara ce da ƙaya, sai wani mataccen gawo."

"Kai jaki ka sani, ni Nasara na sani. Nasara ba ya duban ƙasa, takarda yake duba. Zai naɗe ta ya sa a akwati, shi ke nan."

Idrisa ya ce, "Haka ne."

Ran kasuwa aka kai taswira, gari duk ya taru. Kumandan ya sa gilashi ya duƙa. Ya ga filin Allah ba ƙauye ko ɗaya, ya ɓata rai. Sai idonsa ya faɗa kan tafkin. Ya miƙe zumbur yana ta magana, yana dukan kafaɗar Illa. Isufu ya ce Kumandan ya ce shekara biyu yana ƙasar nan ba wanda ya gaya masa akwai birni da tafki a ƙarƙashin hancinsa. Nan take magatakarda ya kwafe zanen a takarda, Kumandan ya rubuta wasiƙa cewa shi da kansa ya gano wurin, ya buga hatimi, aka ba mai raƙumi ya kama hanyar Damagaram wurin babbansa. Aka kawo farin rawani aka naɗa wa Illa. Aka shelanta cewa shi da mutanensa sun kuɓuta daga aikin hanya.

Tabɗi! Ku zo ku ga tafiya. Illa ya zagaya kasuwa sau uku, yana gaida mutane da yatsa ɗaya. Ya tsaya gaban rumfar masu fura ya ce wa Baiwa, "Wa ya ce kwando?"

Bai rufe baki ba Isufu ya taɓa shi ta baya. "Kumandan ya ce gobe da sassafe za ka kai shi. Yana son naman agwagwa."

Washegari aka fita. Kumandan bisa doki da bindigar harbin tsuntsu, sojoji huɗu, masu ɗauke da kujera da tukunyar dafa agwagwa. Salkar ruwa biyu kacal aka ɗauka, don Kumandan ya ce wauta ce a kai ruwa tafki. Bayansu mutanen Matameye ne har da masu goyo. Mutanen ƙauyukan da aka goge su ma suka yi ta fitowa daga gonaki suna shiga ayari, Lawwali a gaba da sandarsa, don ba wanda ke son a ba shi labari.

Illa ya gwada ciwon ciki, aka ɗora shi a jaki. Ya ce ya manta alƙalaminsa a gida, Baiwa ta miƙo masa. Ya karkata da su yamma, Agali ya ce, "Fata ta ce kudu," ya ja jakin ya mai da shi hanya. Rana ta take, salka ta ƙare, fuskar Kumandan ta yi ja kamar gauta. Da azahar suka iso. Sabara, ƙaya, mataccen gawo, da wani ƙadangare a kansa yana gyaɗa musu kai.

Kumandan ya duba fata, ya duba daji, ya sake duba fata. Ya yi wata doguwar magana da ta kori ƙadangaren.

Isufu ya ce, "Ya ce ina garin?"

Illa ya gyara rawani. "Yau wace rana?"

"Asabar."

"Assha! Ai da kun tambaye ni. Birnin Shuni ba ya fitowa ran Asabar."

Jama'a suka kwashe da dariya. Isufu ya fassara, Kumandan ya yi tsawa.

"Ya ce tafkin shi ma hutu yake?"

"Yana gaba kaɗan. Da rana ƙasa miƙewa take."

Agali ya ce, "Gaba kaɗan ƙasar Ingilishi ce."

Illa ya tafa hannu. "Ka ji! Su ne! Jiya jiya yana nan. Ingilishi sun ji labari sun janye shi wajensu."

Abin mamaki, da aka fassara wannan Kumandan ya juya yana hararar kudu, yana shafa gashin baki. Wallahi saura kaɗan ya yarda. Sai wani soja ya ɗaga bindiga don ya gyara rataya, Munkaila ya zaci shi za a harba, ya zube ƙasa.

"Ranka ya daɗe, gwiwar hannuna ce! Kaskon shuni na ture! Ni ban san tafki na yi ba sai da aka gaya mini!"

Idrisa ya ce, "Haka ne. Ni gyaɗa kawai na ci."

Agali ya ce, "Ni jaki na riƙe, kuma an hana ni magana."

Dariya ta ɓarke, har wata mata ta zauna cikin ƙaya ba ta sani ba. Baiwa ce kaɗai ba ta yi ba, ta ja mayafi ta rufe fuska.

Kumandan ya sa aka ajiye kujera a 'yar inuwar gawon. Ya zauna ya daɗe, ya riƙe kai da hannu biyu. Kowa ya zaci bulala za a kawo. Amma shi abin da ke cin sa daban ne. Wasiƙa ta riga ta kwana a hanya, da hatiminsa, da sunansa, da cewa shi ya gano. Raƙumin nan ba mai kamo shi. Da ya ɗago, muryarsa a sanyaye take, Isufu yana bi yana fassarawa.

"Ya ce ya yi alkawari ba za ka yi aikin hanya ba, kuma ba zai saɓa ba. Rawaninka ma naka ne."

Illa ya saki ajiyar zuciya, ya fara murmushi yana duban jama'a.

"Ya ce amma takardar da aka buga wa hatimi ba ta ƙarya. Babbansa zai zo rangadi bayan damina, zai nemi ganin tafki. Ganuwa za a ce ta rushe, mutane za a ce sun yi ƙaura. Rami kuwa dole a gan shi. Su ukun nan sun ce ba su san komai ba, ya sallame su. Kai ne Sarkin Taswira, kai ka san faɗinsa da zurfinsa."

Wani soja ya sauke dagi da kwando daga kan jaki ya ajiye gabansa.

Illa ya dubi tabon shunin, faɗin faifai. A awon gyaɗarsa, ya fi daga Matameye zuwa Kurni, zuwa ba dawowa ba. Ya durƙusa. Duk girman kan nan ya zube, ya rarrafa ya kama ƙafar kujera.

"Ranka ya daɗe, ni kaɗai? Ko shekara ɗari ba zan gama ba! A ba ni mutane! Akwai ƙauyuka kewaye da nan, sun fi ashirin, duk da ƙarti majiya ƙarfi. Na ci zabinsu, na san su gida gida!"

Isufu ya fassara. Kumandan ya jawo ƙirgin, ya shimfiɗa bisa gwiwa, ya bi shi da yatsa daga wuya har wutsiya.

"Ya ce nuna masa ɗaya."

Illa ya duba. Kuka, sawun akuya, da fata fes inda tsumma ya bi. Ya juya wajen taron a gigice, ya hango dattijon nan jingine da sandarsa, mazan ƙauyensa goma sha biyu tsaye a bayansa.

"Baba Lawwali! Ga ka nan! Don Allah faɗa masa kuna nan!"

Lawwali ya duƙa da ladabi, kamar yadda ya yi ranar zuma.

"Ranka ya daɗe Sarkin Taswira, mu da ka ɗauke daga duniya? Ai ba ma nan."

Ya juya, mutanensa suka bi shi, sauran ƙauyuka suka bi su, kowa ya kama hanyar garin da babu.

Nan na baro Illa, da rawani da dagi, yana tambayar Baiwa ta wane gefe ake riƙewa.